Mai Hular Kwano a Zanen Tsohon Garinmu

Auta, an zaɓi zanen jikata! Za a rataye shi a babban zauren nuni na tsakiyar birni, inda ake kai aikin manyan masu zane. Kuma garinmu ta zana, tsohon garinmu da ruwan madatsa ya cinye. Mutum fiye da ɗari biyu suka kai aikinsu, aka ɗauki goma sha biyu, nata aka ba bangon da ke kallon ƙofar shiga. Da sauri nake rubuta miki. In kin ga layi ya karkace kada ki ce ajin yamma na yaƙi da jahilci bai yi mini amfani ba.

Kin ga ko gaisuwa ban yi ba, ƙanwata. Ina gaishe ki, ina gaishe da yara da jikoki. Yaya kunnen? Direban da ke kai mana saƙo ya ce yanzu sai an tsaya a gabanki kina kallon baki kafin ki ji, shi ya sa na daina wahalar da ke da waya. Ni lafiyata ƙalau, sai gwiwar hagu da ke sanar da ni hadari kafin rediyo ya faɗa.

Ba ki taɓa ganin yarinyar nan da girmanta ba. 'Yar babban ɗana ce, wadda aka sa wa sunan Innarmu, don haka Inna Ƙarama nake ce mata. Shekararta ashirin da shida. Da ta ce zane za ta karanta, ni da ubanta dariya muka yi ta yi. Na ce mata in ta gama sai mu buɗe shagon fentin gidaje ni da ita. Ta ce ba za ta haɗa sana'a da tsohon da ba ya iya hawa tsani ba.

Wata bakwai muka yi muna aikin nan. Na ce muka yi don ni ma ina ciki. Ta kama wani ɗaki a bayan shagon kafinta, inda garin katako ke shigowa ta ƙarƙashin ƙofa, ta kafa ƙyalle a bango, tsawonsa ya kai gaba huɗu. Kullum da hantsi sai ta zaunar da ni a benci, ta ce in rufe ido, in fito daga ƙofar gidanmu in kama tafiya. In na ce na isa rijiya sai ta tambaye ni taku nawa na yi, rana tana dama ko hagu, katangar wa na dafa. In na yi sauri ta mayar da ni baya, wai ba a wuce gidan mutane ba a gaisa ba. Da rani ya ja ruwan baya ta je bakin madatsar da kanta, ta ɗebo laka a bokiti, ta shanya, ta daka, ta tankaɗe, ta kwaɓa da fenti. Katangun da ke cikin zanen da ƙasar garinmu aka yi su, Auta. Har hanci na sa na sansana.

Komai yana nan. Layin da ya raba garin biyu, da maƙera, da itacen da akuyar Baba ta taɓa maƙalewa a kai, da ɗakin Inna da tulunanta biyu, da gidan aurenki a tsallaken layi mai ƙofar langa-langa. Yininmu na ƙarshe a garin ta zana, ana gobe motoci za su zo kwashe mu. A ƙarƙashin zanen za a manna kati mai cewa daga bakin kakanta aka yi shi. Ni ke nan. Sau uku na karanta katin, ba wanda ya taya ni.

Ga hotonsa na sa miki a ambulan. Nan da mako biyar za a buɗe zauren, ranar Asabar. Shekara goma sha tara rabon da in sa ki a ido, kuma ba mu ƙara ƙuruciya. Na riga na sa surukata ta share ɗakin baƙi.

Yayanki.

*

Yaya,

Takardarka ta same ni lafiya. Kunne yana nan yadda direba ya faɗa maka, amma ido bai mutu ba, mun gode Allah. Allah ya sauƙaƙa gwiwa. Ka gaishe mini da mutanen gida. Ka yi haƙuri da jinkirin amsa, kwana goma sha ɗaya hoton yana gefen tabarmata, in ɗauka in ajiye.

Takwarar Inna ta iya. Da na ga tulunan nan sai da na tashi na shiga ɗaki. Har tsagar da ke katangar maƙera ta sa. Allah ya yi mata albarka.

Amma akwai wani mutum a tsakiyar layi da ban gane ba. Dogo, da hular kwano irin ta ma'aikatan madatsa, da takalmi sau-ciki, gwangwanin jan fenti a ƙasa, na shuɗi a hannunsa, yana shafa wa ƙofata alama. Na sa tabarau, na fita haske, ban san shi ba. Malamin ƙidayar da aka turo mana gajere ne, kuma ranar bai tashi daga gindin itace ba, zazzaɓi ya kwantar da shi. Ina tsaye a bayan ƙofar nan da cikin wata bakwai aka shafa mata shuɗi. Ta hudar langa-langar na ga mai shafawar. Ba shi da hula, ba shi da takalmi, kuma cikinmu ɗaya da shi.

Shekara hamsin da ɗaya ban taɓa yi maka maganar nan ba. Masu jar alama motar kusa suka hau, aka kai ku gefen birni kai da Inna. Mu masu shuɗi kwana biyu muka yi a hanya. Da muka sauka aka kira sunaye, babu namu. Marigayi maigidana ya roƙa aka nuna masa takardar, ya karanta da idonsa. Gida goma sha ɗaya daga layinmu sunansu yana cikin na jan fenti. Aka ce mota ba ta komawa. Damina biyu muka yi a tanti kafin a yanka mana fili. A tantin na haihu, a bayansa muka binne ɗan. Inna ta rasu, ban ji ba sai bayan wata biyu.

Na ɗauka nauyin maganar ne ya sa ka bar ta, ni ma sai na bar ta. Ban san ka sa mata hula da takalmi ka miƙa wa jikarka ba.

Ba zan iya tsayawa gaban zanen nan ana tafi ba. A daina wahalar da surukarka da shara. Hoton kuma ba ya hannuna yanzu. Tela, maƙwabcinmu tun can, wanda gidansu na cikin sha ɗayan, ya karɓa. Daga wurinsa zai zagaya sauran gidajen.

Ƙanwarka.

*

Auta,

Ina gaishe ki, ina fatan jikin da sauƙi. Ni dai tun da direba ya miƙo mini takardarki abinci ya daina shiga, har surukata ta fara maganar a kai ni asibiti.

Ba zan ce kin yi ƙarya ba. Ni ne. Amma ki bari in faɗa miki yadda aka yi, don ban taɓa faɗa wa kowa ba.

Da ma'aikatan suka zo neman wanda zai riƙe musu gwangwani, sun tambaya wa ya iya karatu. Na ɗaga hannu. Ina ɗan shekara ashirin da ɗaya, 'yan mata na tsaye suna kallo, kuma na ɗauka riƙon gwangwani ne kawai. Kwana uku ina bin malamin, yana karantawa ina shafawa. Rana ta huɗu zazzaɓi ya kayar da shi, saura layinmu kaɗai, motoci kuma da safe za su zo. Ya miƙo mini takardar ya ce in ƙarasa. Na tsaya a bakin layi na dube ta, kamar tururuwa ce ta bi ta kai. Tsakanina da gindin itacen, in koma in ce masa ban iya ba, bai fi taku ashirin ba. Ban koma ba. Na lura a sauran layukan yawanci hannun dama ja ne, hagu shuɗi, sai na bi haka gida-gida. Wallahi ban san shuɗi nesa ba ne. Ba wanda ya gaya mana sai da motoci suka rabu a mararraba.

Abin da ya kai ni ajin yamma ke nan ina da shekara arba'in da biyar, ina zama a bencin yara gwiwata na taɓa haɓata. Mutane sun ɗauka don aikin gadin da nake yi ne. Ni na san takardar da nake so in karanta, ita kuwa ta daɗe da ɓacewa.

Mai hular ban shirya shi ba. Idona a rufe yarinyar ta tambaye ni wa ya shafa alamun. Sai na ji bakina ya ce wani baƙo ne. Ta ce yaya yake, na ce dogo. Ta ce me ya sa a kai, na ce hula. Kowace tambaya sai in ƙara masa wani abu, har ya tashi da takalmi. Washegari na zo na tarar da shi tsaye a layinmu.

Amma Auta, me ya sa kika ba Tela hoton? Layin nan na karanta shi ya fi sau goma. In nufinki ku taru gida goma sha ɗaya ku aiko wa masu zauren takarda, ko ku zo ranar a tona ni gaban jama'a, to ni na cancanta. Yarinyar fa? Ba ta shafa wa ƙofar kowa fenti ba, kuma sunanta ne a sama da nawa. In aka ce akwai ƙarya a zanen, ita za a nuna da yatsa, a aikinta na farko. Saura kwana goma sha takwas. Ki karɓo hoton, ki bar ranar ta wuce, bayan nan duk abin da kika ce in yi zan yi.

Yarinyar nan ta ɗauke ni babban mutum. A gaban ƙawayenta takan ce kakanta ya fi mata kowane littafi. Ban san da wane baki zan gaya mata ba.

Don Allah ki ba wannan direban amsa, kada ki jira zuwan mako mai zuwa.

Yayanki.

*

Yaya,

Muna lafiya, sai Tela da ke fama da ƙafa. Direban ya juya ban gama ba, don haka wannan za ta same ka a makare. Ka ci abinci. Ramarka ba za ta gyara wa kowa komai ba.

Ka iya karatu yanzu, amma ka karanta abin da ban rubuta ba. Wa ya ce maka takarda za mu aika? Tela shigowa ya yi gaishe ni ya ga hoton, ya gane ƙofar shagon ubansa, ya zauna a ƙasa. Shi ya roƙa ya kai wa sauran. Mutanen nan ba su da hoton garin ko ɗaya. Jiya ya dawo mini duk ya yi laushi da yatsu, kowa ya nemi gidansa. Matar Maƙeri ta ce in gaya maka an rage mata taga ɗaya.

Kuma a wurin wa kake tsoron a tona ka? Duk wanda ya hau motar nesa ya san wanda ya shafa. A gabanmu ka yi, da rana tsaka. Da suka ga mai hular dariya suka yi, Tela ya ce ashe bayan rabuwarmu ka yi tsawo. Ni ce ban yi dariya ba. Duk shekarun nan ba wanda ya aiko maka da zagi, kuma ba mantawa muka yi ba. Mun san ba ka iya karatu ba, mun kuma san ba kai ka tare kogin ba. A cikin masu ruwa da maganar nan, wadda ba ta sani ba ita ce ta yi wata bakwai tana sauraronka.

Abin da ke cina shi ne, ɗan da na binne a bayan tanti yana da kawu, kuma hannun kawun ne ya kai mu can. Kuskuren ɗan'uwana zan iya ɗauka, na ma ɗauka tuntuni. Amma ba zan yi tafiyar yini guda in zo in taya ka ɗora wa wanda ba a taɓa haifa ba.

Ba zan rubuta wa yarinyar ba, ba zan aiki kowa ba. Ka ce wancan karon taku ashirin ne ba ka koma ba. Daga gidanka zuwa bayan shagon kafintan taku nawa ne?

Ƙanwarka.

*

Auta,

Gaisuwa gare ki da duk wanda ke kusa da ke. A yi wa Tela sannu da ƙafa. Ni na fara cin abinci.

Na gaya mata.

Ranar Alhamis da hantsi na je. Ta buɗe mini ƙofa da tsokana kamar kullum, wai tsoho ya zo duba ko an ƙara wa sunansa girma a kati. Ban zauna a benci ba. Na miƙa mata takardunki biyu na ce ta karanta. Kafin ta buɗe sai na ga ba haka ya kamata ba, na ce ta ajiye tukuna. Na faɗa mata da bakina, a tsaye, idona a buɗe, zarton kafinta na ta ƙara a bayan bango.

Ba ta yi kuka ba, ba ta ɗaga murya ba. Ta tambaye ni gida nawa, na ce goma sha ɗaya. Sai ta juya ta kalli bangon, ta tambaya ko rijiyar ma haka ce, ko tulunan Inna, ko akwai wani abu a nan da za ta iya yarda da shi. Da dukana ta yi da ya fi mini sauƙi. Na ce komai gaskiya ne sai mutum ɗaya.

Ta ce, "Kaka, mutum ɗayan nan shi na sa a tsakiya."

Ta wanke hannunta, ta ɗauki takardunki, ta fita ta bar ni da ƙofa a buɗe.

Kwana biyu ba ta zo gida cin abinci ba. Ubanta ya ce ta kira masu zauren ta ce wataƙila ta janye. Na ce shi ke nan, na sake shafa wa ƙofar wani fentin da ba nasa ba.

Ranar Lahadi kafintan ya zo ya ce tana nemana. Na tarar ta kankare mai hular da wuƙa, wurin ya yi fari a tsakiyar layi kamar an cire haƙori. Ta ce in zauna in rufe ido. Babu wasa a muryarta. Wace riga na sa ranar, ina ta yage, da wane hannu na riƙe takardar. Sannan ta tambaya ko na san kina bayan ƙofar. Na ce na sani. Na ga inuwar ƙafarki ta ƙarƙashin ƙofar, kuma ban yi sallama ba don kada ki tambaye ni abin da takardar ta ce. Wannan ko a takardata ta baya ban iya rubuta miki ba. Ki yafe mini, Auta.

Yini uku tana yi. Masu zauren sun so ɗauka tun Litinin, ta roƙe su zuwa Laraba, kuma a miƙe mutum huɗu suka fita da shi don fentin bai gama bushewa ba. Yanzu a tsakiyar layin wani siririn saurayi ne, ƙafa ba takalmi, idonsa a kan takarda, hannunsa a kan ƙofarki. Kunnuwana ta sa masa. Duk wanda ya san ni ba sai ya tambaya ba. Katin ma an sake shi. Ya ce daga bakin kakanta, wanda shi ne mai riƙe da gwangwanin. A ƙasa ta jera gidajen nan goma sha ɗaya, ni na faɗa ta rubuta, in na yi kuskure ku gyara. Ta kuma mayar wa matar Maƙeri tagarta.

Har yau ba ta koma tsokanata ba. Gaishe ni take da ladabi, irin gaisuwar da ake yi wa baƙo, kuma ban san ranar da wannan zai wuce ba. Amma jiya na bi su zauren, na ga an ɗaga shi bango, aka kunna fitilu a kan ƙasar garinmu. Wani ma'aikacin wurin ya jingine tsaninsa ya tsaya kallo, har sai da aka kira shi sau biyu. Ban san mutum zai iya ɗaukar kunya da farin ciki haka a lokaci guda ba. Yarinyar nan ta fi ni, ta fi ubanta, kuma jininmu ce ni da ke.

Jibi za a buɗe. Na san wannan ba za ta same ki kafin nan ba, amma zanen zai yi wata guda a bango. Na roƙi masu wurin kujera, sun ba ni. Kullum daga buɗewa zuwa rufewa ina nan gefen zanen, don duk wanda ya ga saurayin nan yake da magana da shi ya sami mai amsa masa.

Ki zo, Auta. Ki zo da Tela ko ɗaukarsa za a yi, da matar Maƙeri, da sauran gidajen, da 'ya'ya da jikokin da aka haifa can ba su taɓa ganin layinmu ba. Ɗakin baƙi ba zai ɗauke ku ba, amma akwai tsakar gida, akwai tabarmi. Mai neman ƙofar ubansa ya zo, mai son ya gaya mini abin da ya riƙe shekara hamsin da ɗaya shi ma ya zo, zan tashi tsaye in saurara. Ku zo dukanku ku gani.

Yayanki.